Littafin Koyon Saƙar Gajimare

A shekarar da aka rufe makarantu da kasuwanni saboda korona, uwargidana ta kwanta asibiti, likita ya ce sai an ƙara mata jini. 'Ya'yanmu duk suna nesa, hanya kuma a rufe. Maƙwabcinmu a nan garin Yara, tsohon malamin firamare, ɗan ƙabilar Eggon kuma Kirista, shi ya miƙa hannu aka ɗiba. Da ta samu sauƙi na shiga gidansa na ce, "Ticha, duk ranar da ka buƙaci wani abu a wurina, ka faɗa." Ya ce ya riƙe.

Bayan wata uku sai ga shi da 'yarsa, ɗalibar jami'a. Zaman gida ya ishe ta, ta ƙirƙiro wata ƙasa a kanta, har ta rubuta wa mutanen ƙasar littafin koyon sana'o'in tsafi: yadda ake saƙa riga da gajimare, yadda ake ƙera fartanya da tsawa, yadda ake jeme inuwa. So take in kwafe mata da ajami, ta ɗauki hoto ta sa cikin labarinta.

"Baba, hannunka kawai nake so. Ya fito kamar tsohon kundi."

"'Yata, ni fa tunda nake ban taɓa rubuta wa kowa laya ba."

"Ai tatsuniya ce, Baba."

Uban ya ce, "Malam, ni dai abin da na roƙa ke nan."

Na yi istigfari, na fiƙe alƙalami, na dama tawada. Tun shafin farko na tsaya cak. Ban taɓa fara rubutu ba tare da Bisimilla ba, kuma ba zan ɗora ta a kan wannan shirme ba. Haka na bar saman shafin fayau, yana kallona.

Abin haushi kuma, ko shirmen ba a yi shi daidai ba. Ubana masaƙi ne, a gindin masaƙa na tashi. Yarinyar ta rubuta wai masaƙi yana jefa ƙoshiya mai ɗauke da zare kafin ya taka da ƙafa. Na aika aka kira ta.

"Baba, gajimare ne fa!"

"Ko hayaƙi ne, sai an taka zare ya buɗe kafin a jefa."

Ta gyara tana dariya.

A zaure nake shanya shafukan a kan tabarma. Wata rana wani ɗan masallacinmu mai fataucin doya zuwa Gitata ya shigo gaisuwa. Ya ɗan yi karatun allo a ƙuruciya, iyakar abin da zai jawo fitina. Idonsa ya faɗa kan layi ɗaya: wanda ya sa wannan riga ba mai ganinsa. Ya ajiye shafin ya fita. Kafin kwana uku unguwa ta ɗauka cewa ina da layar zana.

Mutanenmu in suka ga ajami ba sa tambayar me ya ce. Masu sallama suka yi ta zuwa, kowa yana ƙasa da murya yana neman layar. In na ce tatsuniya ce, sai a yi murmushi a ce ai haka manyan malamai ke faɗa. Shafi ɗaya ya ɓace, daga baya na ji wai an wanke an sha. Shafin jemar inuwa!

Ni nake jan salla in liman ya yi tafiya. Ranar da ya tafi, aka tayar da iƙama, na motsa, sai na ga an tura wani gaba. Na bi shi, amma Allah ya sani zuciyata ba ta natsu ba.

Ticha ya ji labari ya zo. "Malam, bar shi haka. Na yafe."

Wannan ya fi komai ɓata mini rai. Na ce shi bai ba da rabin jini ya ce a cire allura ba. Na koma cikin gida da rubutun, na ƙarasa shi a mako biyu.

Da liman ya dawo, bayan sallar La'asar na roƙi jama'a su zauna a ƙofar masallaci. Na buɗe littafin na karanta musu da ƙarfi. Kayan haɗin rigar: gashin kifi mudu ɗaya, hawayen dutse, da gajimaren da aka tatso ranar da kasuwa ba ta yi hayaniya ba. Tun kafin in kai babin tsawa liman yana share hawayen dariya da bakin rawani. Ya ce gobe ni zan ja Azahar, ko yana nan.

Sai mai doya ya matso. "Allah gafarta Malam, shi gashin kifin, na ruwan daɗi ne ko na teku?"

Na haɗiye zagin da ya zo bakina, don ina da alwala.

Daga nan gidan Ticha na wuce, na miƙa masa littafin naɗe cikin ƙyalle. Ya juya shi sama da ƙasa, bai san ta inda ake fara karantawa ba.

"Shi ke nan, Malam, ba na bin ka komai."

Na ce tawada ba ta biyan jini. Ya ce tunda shi ke bi, shi zai faɗi an biya ko ba a biya ba, kuma an biya. Na ce to, alhamdulillahi, na miƙa masa hannu.