Gaisuwar da Na Haddato Daga Akwatin Umma

Ko zan tsufa har haƙorana su zube, ba zan manta da ranar da kakana ya fara taka gidanmu na unguwar Catford ba. Shekarata goma sha uku a lokacin, kuma ni ce abar dariyar dangi. A Landan aka haife ni. Ina jin Hausa tsaf, amma in zan ba da amsa sai harshena ya yi nauyi kamar an ɗaura masa tabarya, in ƙare da "I'm fine". Duk sanda Kaka ya kira waya daga Kano sai ya ce wa Abba, "Ba ni Baturiyar nan in gaishe ta, ko da yake yi mata Hausa zuba ruwa ne a kwando." Su yi ta dariya, ni kuwa abin yana ci na.

Da na ji an yi masa booking ɗin jirgi zai zo ganin likitan ido nan da wata biyu, na rantse wa kaina sai na goge sunan nan. Kuma ba na son taimakon kowa, so nake in ba su mamaki.

Ana haka na tono wani akwatin Umma a ƙarƙashin gado, shaƙe da littattafan Hausa. Na ce faɗuwa ta zo daidai da zama! Na dinga satar su ɗaya bayan ɗaya, ina karantawa a bas, ina karantawa a banɗaki har ƙafata ta yi sanyi. Na lura duk wanda ya tarbi mutumin da yake ji da shi, akwai wasu kalmomi masu daɗi da yake jero masa. Na ɗauka ai gaisuwar girmamawa ke nan. Na kwafe su, na haddace kamar karatun Islamiyya. Ban san littattafan soyayya ne ba.

Ranar Asabar Kaka ya sauka, da rana falo ya cika da abokan Abba da matansu. Umma ta je kasuwar Deptford tun da safe ta haɗo kayan miyar kuka, ƙamshi har bakin titi. Na yafa mayafi, na durƙusa gaban Kaka, na gyara murya.

"Barka da zuwa, farin cikin raina. Tun da ka yi nisa da ni barci ya ƙaurace wa idanuna. Kai ne zuma, kai ne madara, in babu kai ni gawa ce."

Abba ya ƙware da shayi, har ta hanci. Wata gwaggona ta dafe ƙirji ta ce, "Innalillahi! Ke 'yar nan, ina kika samo wannan?"

Ni kuwa da alfaharina na ce, "A akwatin Umma."

Wallahi ban taɓa ganin babban mutum ya yi gudu irin na Umma ba. A gaban surukinta fa! Kafin ka ce kwabo ta shige kicin, sai ƙarar ƙofa muka ji.

Nan na gane na yi aika-aika. Kunya ta rufe ni, "sorry" ta taho har bakin leɓena. Na haɗiye ta. Na san in ta fito, na zama Baturiya har abada. Na daure na haɗo 'yar Hausata ta kaina, gurguwa-gurguwa: "Kaka, ni... so nake ka daina ce mini Baturiya."

Ya kalle ni da idonsa mai lafiyar, sai ya fashe da dariya har hularsa ta karkace. "Ku ƙyale mini amaryata! Duk tsufan nan nawa ba a taɓa samun wadda ta rasa barci saboda ni ba sai yau." Daga baya na koyi cewa haka kakanni ke tsokanar jikokinsu mata. Ya kamo hannuna ya ce, "Ce 'ina gajiya', shi ya ishe ki."

"Ina gajiya, Kaka?"

"Ba gajiya. Ga 'yar Kano nan."

Har ya koma gida, kullum da safe sai ya zaunar da ni mun yi hira, in na ɓata ya ja mini kunne ya gyara. Bai sake ce mini Baturiya ba. Sai dai na yi gudun gara na faɗa gidan zago, don har yau dangi "Zuma da Madara" suke kira na. Umma kuma ta sayo kwaɗo mai girman kaina ta garƙame akwatinta.

Abin da na koya shi ne, harshe a bakin mutane ake ɗaukarsa, kuma sai wanda ya yarda a yi masa dariya yake iyawa. Guntuwar maganar da na haɗa da kaina ita ta ƙwato mini sunana, ba haddar wata biyu ba.