Sa Shi da Ajami

Jiya a unguwar Kudai ta Makka ƙamshin waina ya tare ni, sai mutumin da nake kira Baba ya faɗo mini a rai. Shekara uku ke nan da rasuwarsa.

Tsohon ɗan daudu ne, ni kuma ɗalibi mai son rubuta tarihin irinsu da suka zauna a Makka. Yana juya waina a tanda, mai yana tartsatsi, yana faɗa mini abokansa: wanda aka yi wa bulala, wanda aka tasa ƙeyarsa gida, wanda ya tsufa yana ciyar da alhazai a Arfa.

Ran nan na fara rubutawa da Larabci, sai ya dafe hannuna.

"Ɗana, sa shi da ajami. In askarawa, 'yan sandan ƙasar nan, sun kama takardar, su ga harufansu, su kasa jin maganarmu."

Littafin yana ƙasan akwatina har yau. Babu malamin da zan iya nuna wa, ko a wannan rubutu ma na kasa faɗin sunansa na gaskiya. Kabarinsa babu alama.

Allah, Kai ba a ɓoye maKa suna. Ka jiƙan Baba, Ka kira shi da nasa inda babu tsoro.