Wayar da Na Ce Ta Mutu

Ni ɗan manomi ne, amma tun ina yaro hannuna ya fi son sukurdireba a kan fartanya. Na koyi gyaran waya, na kafa teburi a kasuwar Batsari, kuma wallahi ina samun rufin asiri. Kwaɗayi ne ya ja ni.

Da batir na fara. In cire na asali, in sa jabu. Daga nan duk baƙauyen da ya kawo waya ta ɗauke, sai in taɓe baki in ce injin ya ƙone. Ya bar min ita, yana tafiya in tashe ta, in yi mata filashin da kwamfuta, komai na ciki ya goge, in sayar.

Wata ranar kasuwa wani dattijo, malamin allo daga Darini, ya kawo wayar da ta faɗa rafi. Har cikin gero ya binne ta, wai ya tsotse ruwan. Ya ce, "Yaro, ba wayar ce damuwata ba. Muryar mai ɗakina na ciki, Allah Ya yi mata rasuwa." Na dubi idonsa na ce, "Baba, wannan sai haƙuri, ta mutu." Ya bar ta ya tafi, na jefa ta akwati da niyyar gogewa.

Ban kai ga hakan ba. Dama ɓarayi sun gano ni, ina buɗe musu wayoyin sata. 'Yan sanda suka kwashe mu, alƙali ya tura ni gidan yari. Duk zamana a can, fuskar tsohon nan ta hana ni sakat.

Da na fito, ashe Inna ta ɓoye akwatina ƙarƙashin gado. Ga wayar nan, har da ƙwayar gero a ramin caji. Na kwance ta, na wanke tsatsar da sifirit da burushi, na gano layin wutar da ya katse na haɗa da dalma, na sa batir. Ta kawo haske, ta tsaya a tambarin kamfani, ta ƙi gaba. Filashin irin na da shi ne mai sauƙi, amma muryar za ta tafi. Na lallaɓa na sake ɗora mata manhaja ba tare da taɓa ajiyarta ba. Sai ta buɗe!

Na hau babur zuwa Darini, na durƙusa na faɗa masa gaskiya. Ya karɓi wayar, ya danna. Muryar mace ta ce, "Malam, in za ka dawo ka taho da daddawa, kar ka manta irin na jiya." Ya yi dariya, hawaye na bin gemunsa. Ya ce, "Kuma na manta ɗin. Tashi, na yafe maka."

Yau ina teburina, ina cin halak, ina barci lafiya, alhamdu lillahi. Samari, kar ku fara ko da batir ɗaya. Kuma duk wayar da aka miƙo muku, kafin ku goge ta, ku tambayi mai ita wa ke ciki.