Almakashi Sau Uku

Shagon mai askin nan daram yake a kan iyaka, kujera a wannan ƙasa, madubi a waccan. Shekara ashirin yana aske mutane a ƙasa ɗaya suna kallon kansu a wata. Kuma ba ya taɓa kan kowa sai ya kaɗa almakashi sau uku a iska, ƙyas, ƙyas, ƙyas. Matarsa ta rantse ko gyangyaɗi yake yatsun nan ba sa hutawa.

An sha yi masa tayin shago a cikin gari, ya ƙi. Daga wannan kujera ƙaninsa, Auta, ya tashi ya bi motar masu fita neman arziki, yana cewa a ajiye masa layi. Yau shekara tara, ba wasiƙa ba waya. In ya tashi daga nan, ina yaron zai same shi?

Ana nan sai ga wata mata da kyamara, tana haɗa fim a kan mutanen iyaka. Da ya ji har ƙasashen waje za a nuna, sai ya rine furfurarsa, ya aro rigar surukinsa. So yake Auta ya ga fuskarsa ya gane shi. Kwana uku duk inda kyamara ta juya, nan za ta tarar da hancinsa.

"Baba, yi aikinka kamar ba ma nan," in ji matar.

"Ta yaya, 'yata? Ga ku nan tsaye!"

Garin kallon kyamara har kunnen wani direba ya sha almakashi.

Bayan wata shida ta turo fim ɗin ta waya. Maƙwabta suka cika shago. Ga kujera, ga madubi, ga rigar suruki, amma fuskar an shafe ta tas, murya kuwa ta koma ta agwagwa. Wai haka suke yi wa kowa, don kada jami'an iyaka su sa masa ido. Shi da yake aske jami'an duk mako! Matarsa ta yi dariya har da hawaye, ta ce rini ya tafi a banza. Shi kam abin ya yi masa ciwo ƙwarai.

Wata rana da hantsi, yana tsakiyar aski, waya ta yi ƙara.

"Yaya, wa ya ɓata maka fuska haka?"

"Wa ke magana?"

"Duk duniya wa ke aske iska sau uku kafin ya aske mutum? Ina hanya. Layina yana nan?"

Mai aski ya dubi mutumin da ke kan kujera, rabin kai a aske. Idonsa ya ciko.

"Tashi, malam," ya ce. "Akwai wanda ya riga ka."