Mai Bidiyon Bikin 'Yartsana

Shekara talatin Mokhles yana ɗaukar bidiyon biki a garin Bogura, kuma duk amaryar da ta ratsa ta gabansa ta san halinsa: sai ta gama kukan rabuwa da iyaye, ya ce haske bai yi ba, a sake. Ko 'yarsa Rokeya bai ɗaga mata ƙafa ba. Ranar da za a kai ta ɗaki, ta taho da kuka za ta faɗa jikinsa, ya ja da baya don ta fito sosai a hoto. Shekara tara ke nan tana gaishe shi kamar maƙwabci. Abin yana cinsa, amma bai ga laifinsa ba. Ai bidiyon ya yi kyau.

Bana da ta zo ganin gida, 'yarta Tumpa ta tara yaran layi za a aurar da 'yartsana, aka ɗauki kakanta Mokhles aikin bidiyo, ladansa alewa. Ya saita kyamara yana dariya. Yaran kuwa ba abin da suka bari. An shafa wa amarya kurkum, yadda ake yi wa amaren garin. Dangin ango sun kumbura, wai nama ya yi kaɗan a shinkafar, alhali shinkafar yashi ce. Wata 'yar shekara biyar ta zama goggo, ba ta kuka sai kyamara ta juyo kanta.

Da aka zo rabuwa, Tumpa ta kara kwalin sabulu a ido wai kyamara, ta turo ciki, ta ce ita ce uban amarya. Aka miƙo mata 'yartsanar don ta rungume, sai ta kauce.

"Kar ki taɓa ni, kina ɓata min hoto. A sake kukan."

Yara suka kwashe da dariya, shi ma ya taya su. Amma da yamma sau huɗu yana maido wurin nan a bidiyon, kunya ta rufe shi. Ba a ma haifi Tumpa ba lokacin bikin Rokeya. Ashe ba ta labarin aka yi, kuma ba sau ɗaya ba.

Ranar komawa ya raka su tasha, karon farko babu kyamara a kafaɗa. Mota ta cika, hawaye ya kubce masa, ya rasa inda zai sa hannuwansa. Rokeya ta daɗe tana kallonsa.

"Abba, hasken bai yi ba," ta ce. "A sake."

Ta buɗe hannuwa ta taho, wannan karon bai ja da baya ba.