Gwaggo Kulu da Zannuwan Ƙawayena

Duk wanda ya taɓa gaisawa da Gwaggo Kulu a cikinku ya san ba fuskarsa take fara dubawa ba. Tana amsa gaisuwa tana lasar babban yatsanta, kafin ka kai ga tambayar gajiya ta kama gefen rigarka ta murza, ta ɗaga yatsan sama ta duba. Sai ta taɓe baki ta ce, “Bai zamna ba.” Rinin take nufi. Tun tasowata a Tambuwal ban taɓa jin ta ce rinin wani ya zauna ba, har rawanin liman bai tsira ba. Ranar da ta kai audugarta fuloti, inda ake sayen auduga, ta ga Baturen da ke duba awo, rana ta gasa shi ya yi jawur, fatar hannunsa na saɓulewa. Ta daɗe tana kallonsa, sannan ta juyo ta gaya wa matan da ke layi cewa ko wane ne ya rina wannan, ya cuce shi.

Yayar babana ce, kuma ita aka damƙa wa hidimar bikina. Har gobe ban yafe wa wanda ya kawo wannan shawara ba.

Lokacin yaƙin Turawa ne, tufa ta yi wuya, kantuna sun bushe. Ni kuwa Kebbe za a kai ni, kuma ƙannen angon sun riga sun cika mini kunne cewa a can yanzu ƙawayen amarya iri ɗaya suke sawa, daga zane har fatala. Na ci alwashin nawa su biyar haka za su shiga garin. Matsalar ita ce Hajo, aminiyata tun muna wasan ƙasa. Zanenta na fita guda ɗaya ne, na marigayiya innarta, shuɗi ne da ya sha wanki har ya kusa komawa fari. Na ce ta kawo a sake rina shi ya dace da na sauran. Ta ce yadda innarta ta bar shi haka zai tsufa, in kuwa dole sai iri ɗaya, to in tafi da sauran, ita ta yafe. Na yi fushi, na yi lallashi, Hajo ko gezau. Ni kuma ban san yadda zan shiga baƙon gari ba tare da ita ba.

Ana cikin haka Allah ya jefo wani ɗan koli da turamen atamfa iri ɗaya, mai ruwan ɗorawa. Na ce shi ke nan, in sabuwa ce ai Hajo ba ta da hujja, babana ma ya ce zai yanka mata. Ɗan kolin ya baje kaya a zaure, sai ga Gwaggo da sandarta. Ta lasa, ta murza, wurin ya yi ja. Ta ɗaga wa mutumin yatsa kamar ta kama ɓarawo.

Na ce, “Gwaggo, goron bakinki ne fa.”

“To? Tufad da ba ta jimrin goro, ina taka jimrin biki?”

Ɗan kolin ya naɗe kayansa yana ƙunƙuni. Har ya bar fatauci bai sake bi ta lungunmu ba, in ya hango ta a kasuwa zaunawa yake a kan hajarsa.

Sai aka koma shawarar rini. Ƙawayen nan huɗu kowace ta kawo farin zanenta saƙar hannu, a kai marina a tsoma a rami ɗaya su fito iri ɗaya. Hajo dai na nan kan bakanta, na ce bari in gama da waɗannan tukuna. Aikin da yaron goye ma zai iya, Gwaggo ta ce ita za ta kai da kanta, don marina ba su da amana.

Na farko ta ba Malam Bawa marini, ta tsaya a kansa. Ya tsoma ke nan, bai gama juyawa ba ta ce ya fito da shi, wai zanen ya ƙoshi. Ya ce Kulu ko jiƙa bai yi ba. Ta ce in ya bar shi ya ƙara shan baba, kuɗin rinin daga aljihunsa. Na biyu ta bari ya ɗan jima. Daga nan ta dawo gida tana huci, wai sun yi faɗa, Malam Bawa ya kalle ta a karkace, ba za ta ƙara taka marinarsa ba. Mutumin da idonsa ɗaya tun haihuwa a karkace yake! Ta hau jaki ta kai na uku har Jabo. Na huɗu kuwa ta ce ta manta da shi a rami. Gwaggo Kulu, wadda ke tuna wanda ya ari ludayinta tun kafin a haife ni, wai ta yi mantuwa.

Ranar da aka shanya su a igiyar tsakar gidanmu, na fito na gan su. Wannan shuɗi mai haske, wancan ya ɗan fi shi, na Jabo ya yi duhu, wanda aka manta kuwa baƙi ƙirin. Babu biyu da za a ce ’yan gida ɗaya ne. Ga shi an kusa sa ni a lalle, babu damar sakewa. Na zauna a kan turmi na yi kuka mai isata. Gwaggo ta bi su ɗaya bayan ɗaya tana murzawa, ta ce duka ba su zauna ba, ta tambaya ko an dama fura.

Na daina yi mata magana. Ko a jikinta. Abin da ya dame ta shi ne zanena, wanda ta sa aka rina ya yi baƙi, aka kai mabuga aka buge shi har yana ɗaukar ido, ta hana kowa taɓawa sai ita.

Da safen da za mu kama hanya, an ɗora ni a kan doki ina lulluɓe, sai na ji muryarta a ƙofar gidan su Hajo tana buga sanda.

“Ke Hajo, ɗauro zanen innakki ki hito. Duk ɗiyan ga babu mai haske irin naki, ke ɗai nika jira.”

Hajo ta ce ai an ce iri ɗaya.

“Wane iri guda? Leƙo ki gani in akwai biyu da sunka yi kama.”

Ta leƙo, ta ga abin da ta gani, ta yi dariya har da riƙe ciki. Ta shiga ta ɗauro zanen.

Da muka hango rufin Kebbe, Gwaggo ta tsayar da ayari a gindin wata tsamiya. Ta shiga jera ’yan matan da sanda kamar mai shirya awaki a kasuwa, ke matsa gaba, ke koma baya. Ta sa Hajo a kan gaba, mai bi mata a haske a bayanta, haka har zuwa mai baƙin, sannan ni a ƙarshe a kan doki. Ta ce duk wadda ta sauya wuri ko don fitsari, da ita take. Na ɗaga gefen lulluɓi na leƙa don in ga iyakar abin kunyata. Sai na ga launin yana tafiya a hankali, daga farin shuɗin Hajo yana ƙara nauyi har ya iso kaina, kamar sama in rana ta faɗi. Haushi ya ƙara kama ni, don abin ya yi kyau.

Matan Kebbe suka fito suna guɗa, suna nuna mu. Babbar ƙanwar ango ta matso ta tambayi Gwaggo daga ina aka samo wannan yayi. Gwaggo ta dube ta sama da ƙasa, ta ce, “Au, har yanzu iri guda kuka sawa nan?” Sannan ta lasa yatsa ta murza zanen yarinyar.

Sai bayan na haifi ɗana na fari Malam Bawa ya gaya wa babana cewa shi da Gwaggo ba su taɓa yin faɗa ba. Ya ce Kulu ta zo masa da zare guda da ta zaro daga gezar wani tsohon zane, ta ce daga wannan za a fara, kowane ya ɗara na gabansa duhu, shi ne ma ya tura ta Jabo don raminsu ya fi nasa ƙarfi. Da na tunkare ta da maganar, ta ce Bawa ya tsufa ya fara ruɗewa, marina ne kawai ba su iya aiki ba. A kan haka ta tsaya har ta koma ga Allah. Kuma har yau ina cewa da ta gaya mini tun farko, da ban zubar da hawayen nan a kan turmi ba.

Amma akwai abin da ban taɓa ba ku labarinsa ba. Da ’yan rakiya za su juya, ina ɗaki ina riƙe da hannun Hajo ina kuka, Gwaggo ta shigo. Ta lasa yatsan nan nata mai jan goro, na ɗauka zanena za ta kama. Sai ta share mini hawaye da shi, ta dubi hannuna cikin na Hajo, ta dubi yatsan, ta ce, “Wanga ya zamna.”

Ni da Hajo muka yi mata wanka ranar da ta rasu. Da aka kawo likkafani fari tas, Hajo ta raɗa mini cewa yau dai Gwaggo ta rasa abin kushewa, muka yi dariya muna kuka. Allah ya jiƙan Gwaggo Kulu, ya haskaka kabarinta, ya suturta ta kamar yadda ta suturta marainiya ba tare da ta bari an gode mata ba. Amin.