Farfesan Ɗakin Jira

Mutanen layinsu Farfesa suke ce masa, ko da yake babu jami'ar da ta taɓa ganin ƙeyarsa. Matarsa kuwa Malam take cewa, in ranta ya ɓaci ta ce "mai bincike".

Aikin da ya tsufa a kai shi ne zama bayan taga a wani ofis, yana ce wa jama'a su ɗan jira. A nan ilimin ya same shi. Ya lura duk wanda ya zauna a benci sai ya yi ƙorafin agogo ya tsaya, shi kuwa da ke cikin taga kafin ya ankara an tashi aiki. Da ya yi ritaya sai ya dunƙule binciken a magana ɗaya: lokaci mai abin yi yake gudar wa, mai jira kuwa linzamin yana hannunsa. Mai son tsawon rai ya nemi layi ya shiga, kada ya yarda ya kai gaba.

Matar ba ta hana shi ba. Gara ya yini a banki da ya yini a falo yana yi mata bayani. Kullum sai ya sa rigarsa mai guga ya tafi inda ake layi, in an zo kansa ya waiwaya ya ce wa na baya, "Bismillah, wuce." Har yabonsa ake yi.

Sai tari ya kama shi, irin wanda ba ya jin magani. Da ta ce a je asibiti bai yi musu ba, kuma da ta yi tunani da ta gane saurin yardar ya yi yawa. Ɗakin jiran asibitin yana da fanka mai kuka da talabijin marar murya. Farfesa ya ce bai taɓa ganin wurin bincike irinsa ba.

"Me likita ya ce?" takan tambaya da yamma.

"Ba a zo kaina ba."

Wuyan rigarsa ya fara yi masa yawa. Ran nan ta yafa gyale ta bi shi, ta ƙudurta ko da jan hannu sai likita ya gan shi. An kwana ana ruwa, ɗakin ba kowa sai mutum biyu da suka miƙe suna gaishe shi: wani tsohon direba da wani tela mai ciwon baya. Ashe har ɗalibai ya yi.

Nas ta leƙo. "Na gaba."

Farfesa ya waiwayi direba. "Bismillah, wuce."

"Haba Farfesa, yanzu fa safiyar ta fara miƙewa. Kai ka koya mana."

Ya dubi tela.

"Ni rannan na shiga bisa kuskure," in ji tela, "kafin in gyara zama an sallame ni. Har gida ina baƙin ciki."

"Baba," nas ta ce, "ku ukun nan kun ishe ni. Mama, naki ne wannan?"

"Nawa ne," ta ce, ta kama hannun rigarsa. Ya shiga yana waiwayen benci.

Aka ɗauki hoton ƙirji, aka ɗebi jini, aka ce ya koma gida ya jira sakamako. Da jin haka fuskarsa ta washe. Ita kaɗai likita ya kira daga baya. Ya faɗa mata sakamakon a hankali yana kallon tebur, ya tambaye ta me ya hana su zuwa tun da wuri. Ta ce ai kullum Malam yana zuwa.

Ta mayar masa da gado kusa da taga. Ɗaliban sukan zo dubiya, su ba shi labarin an ƙara benci a asibiti saboda mabiyansa sun yi yawa, har an rabu biyu: masu cewa a jira a zaune da masu cewa a tsaye ya fi tsawo. Ya ce duka suna da hujja.

Kowace safiya in ta kawo masa ruwan zafi sai ya ce, "Maman yara, sakamakon fa?"

"Bai fito ba, Malam."

"Madalla. Kada ki matsa musu."

Ya sha faɗa mata bai taɓa samun kwanaki masu tsawo irin waɗannan ba, kuma ba ta musa masa ba. Ita dai da ta riga ta ji abin da likita ya ce, kafin ta ɗauke kofin safe sai ta ga rana ta faɗi.